Lambun da Aka Hana Tsinka

Duk wanda ya san Gashua ya san ganyen Ya Fanna. Shekara talatin da ɗoriya tana riƙe da lambun da mijinta ya bar mata a bakin kogi, kuma in alayyahunta ya shigo kasuwa, sai nata ya ƙare ake duba na wasu. Mace ce mai hannun shuka, irin wadda ake cewa ko muciya ta kafa a ƙasa sai ta yi ganye.

Ban da lambun bakin kogi, akwai wani fili a bayan ɗakinta, cikin gida, inda take watsa ragowar iri, ba tsari ba komai. Wannan na miya ne. Duk matar da ke layin, in ta ɗora tukunya ta ga ba ganye, sai ta yafa mayafi ta shigo da sallama, ta tsinki abin da zai ishe ta, ta fita. Ba a tambaya. Haka ta tarar uwar mijinta tana yi, haka ita ma ta ci gaba.

Tana da ƙanwa ɗaya, Aisa, wadda ke aure a Nguru gidan wani ɗan kasuwa, Alhaji Zainulabidin. Uwa ɗaya uba ɗaya suke, amma Aisa tun tana yarinya ba ta son ƙasa ta taɓa mata farce. Ita saƙar faifai ta iya. Shi ya sa ranar da ta aiko a ba ta irin jan alayyahun da suka gada wurin mahaifiyarsu, Ya Fanna ta yi dariya har da riƙe ciki. Ta ƙulle shi a tsumma ta bayar, don iri ba a hana shi, tana cewa, "A gaya mata ba dafawa ake yi ba, shukawa ake yi."

To, dariyar nan ita ce ta dawo mata.

Da sanyi ya fara shigowa aka yi haihuwa a gidan Aisa, Ya Fanna ta shirya zuwa suna tare da jikarta Bushra. Ita Bushra tun da aka yaye ta take hannun kakarta, kuma a lokacin an riga an sa ranar aurenta, saura wata uku da 'yan kwanaki. Suna shiga gidan suka ga mata ba sa ɗakin mai jego. Duk sun taru a tsakar gida, kowa da waya a hannu.

Ashe Aisa faifai ta saƙa a ƙasa. A tsakiya ta ajiye tsohuwar randa cike da na'ana'a. Daga nan zobe ya zagaye zobe: latas kore shar, sai jan alayyahu, sai albasa mai lawashi tsaye kamar an jera allurai, sai karas da ganyensa mai laushi, sai kuma yakuwa daga waje. Tsakanin kowane zobe ta zuba farin yashi, siririyar hanya daidai ƙafa ɗaya. Ba ganye ɗaya da ya fi ɗan uwansa tsawo.

"Ikon Allah," in ji wata. "Ashe miya ma tana kwalliya!"

Ya Fanna ta tsaya tana kallon jan zoben nan. Ta san shi kamar yadda ta san tafin hannunta. Irinta ne.

Aisa ta taso da murna ta rungume ta. "Lale, Yaya, lale! Kin ga abin da irinki ya yi?"

"Na gani," in ji Ya Fanna. "Latas ɗin ya yi kusa da juna."

Wata baƙuwa da ke gefe, mai zoben gwal a kowane yatsa, ta juyo ta ce, "Au, ke ce yayar Hajiya Aisa? Ashe ke ma kina ɗan taɓa lambu? To ki dage ki koya a wurinta."

Ki koya a wurinta! Ya Fanna ba ta ci abincin sunan nan ba. Ta ce cikinta ne.

A hanyar komawa, sun wuce Jajimaji kenan, Bushra ta ɗago daga kallon hotunan da ta ɗauka ta ce, "Kaka, ni fa a can nake so a yi wunin lallena."

"A can ina?"

"Gidan Inna Aisa. A cikin lambun nan. Duk ƙawayena sun ce ba su taɓa ganin irinsa ba."

Ya Fanna ta ji kamar an zuba mata garwashi a ƙirji. Wunin lalle a gidan da aka yi rainon yarinya ake yin sa. In aka kwashi mata aka tafi Nguru, me za a ce a Gashua? Cewa za a yi ta raini yarinya shekara ashirin, amma gidanta bai isa a zauna a ciki ba.

"Ke, 'yar nema," ta ce, "gidan da kika yi rarrafe a cikinsa shi ne yau bai yi miki ba?"

"Haba tsohuwa, bayan ɗakinki fa kamar daji yake. In na tsaya hoto a wurin sai ango ya ɗauka ɓata na yi."

"Zobe nawa ne a nata?"

Bushra ta ƙirga a waya. "Biyar."

"To ki ba ni kwana hamsin. In kin ga nawa kika ce Nguru, ni da kaina zan ɗauko miki mota."

Washegari tun da hantsi ta sa aka nome bayan ɗakin tas. Aka kawo takin awaki da ya kwana biyu, aka gauraya da ƙasa. Ta kafa turke a tsakiya, ta ɗaura igiya, tana zagayawa tana zuba toka a kan layi, har da'ira bakwai suka fito fari fat. Bakwai, ba biyar ba. Inda Aisa ta ajiye randa ɗaya, ita ta ajiye tulu uku. Ta ɗebo dashen latas da na kabeji daga bakin kogi, ta zaɓi waɗanda suka fi lafiya, waɗanda da kasuwa za su tafi. Jan alayyahu zobe biyu ta yi masa, don a san daga gidan da ya fito. Farin yashi kuwa, na Gashua bai yi mata ba, sai da ta sa aka kawo mata buhu huɗu daga wajen gari.

Gaskiya dai a faɗe ta, hannu ba ya ƙarya. Kafin kwana hamsin su cika, bayan ɗakin nan ya koma abin kallo. Latas ɗinta ya fi na Aisa faɗi, jan ya fi ja. Bushra ta tsaya a bakin zobe na farko ta riƙe baki.

"To?" in ji Ya Fanna. "In kira direba?"

"Kaka, kin ci. A nan za a yi."

Ya Fanna ta ce a ɗauki hoto a tura wa Aisa. Ba a jima ba amsa ta zo, muryar Aisa tana ta masha Allah, tana cewa na Yaya ya fi nata nesa ba kusa ba. Ya Fanna ta sa aka sake kunna mata har sau uku, tana neman inda muryar za ta karye. Ba ta samu ba, abin ya ƙara ɓata mata rai.

Sai dai saura kwana arba'in biki. Dole lambu ya tsaya yadda yake har ranar.

A nan ne fa gizo ya yi saƙa. Ya Fanna duk rayuwarta lambun kasuwa ta sani. Alayyahu ya kai wata guda, a tuge shi duka, a ɗaure, a kai kasuwa, a watsa sabo. Latas ya cika, a cire shi da saiwarsa. Ba ta taɓa ajiye ganye don a kalle shi ba. Na bayan ɗaki kuwa ba ta taɓa kula da yadda yake daɗewa ba, don ba ta taɓa ɗaukarsa a bakin komai ba. Da ta tuna lambun Aisa, yadda kowane ganye yake daidai da ɗan uwansa, sai ta yanke a ranta cewa sirrin ɗaya ne: gidan masu kuɗi ne, ƙofa a rufe, ba mai taɓawa. Da ta so, tana iya buga waya ta tambaya. Amma ita, Fanna, ta tambayi Aisa yadda ake riƙe alayyahu? Gara ta haɗiye fartanya.

Tun da aka fara aikin matan layi suka yi haƙuri, suna cewa a bari ganye ya yi ƙarfi. Da ya cika, sai ga Suwaibatu, maƙwabciyarta ta jikin katanga, ta shigo da ƙaramin kwano a hannu. Shekara ashirin da biyar suna tare. Ita ta yi wa Bushra kitson farko.

"Salamu alaikum. Ya Fanna, yau miyar taushe nake so in yi." Ta nufi jan zoben kai tsaye.

"Tsaya!"

Suwaibatu ta tsaya, hannu a sama.

"Wannan ba na ci ba ne."

"Ba na ci ba?" Ta duba ganyen, ta duba Ya Fanna. "Alayyahu ne fa."

"Na kallo ne. Sai bayan biki."

Suwaibatu ta yi dariya, tana zaton wasa ne. Da ta ga fuskar ba ta wasa ba ce, sai ta kifa kwanonta a ƙirji. "To, Allah ya ba shi lafiya. In ya yi aure a gayyace mu." Ta fita.

Kafin la'asar maganar ta zagaye layi. Kashegari Ya Fanna ta sa aka kewaye wurin da zana, aka yi ƙofar kara, ta ɗaure da igiya. Ba ta ma buƙaci ɗaurewar ba, don ba wadda ta sake shigowa. A hanya ana gaisawa, lafiya lau, lafiya lau, amma ba a tsayawa. Matan layi suka koma sayen ganye a kasuwa, kuma suna tsallake na Ya Fanna su sayi na gaba. Gidan da kullum ake jin sallama tun hantsi ya yi shiru kamar an yi gudun hijira.

Ita kuwa tana ta ban-ruwa safe da yamma, tana ƙara taki.

Sati biyu lambu ya yi biyayya. A na uku sanyi ya ja baya, rana ta fara cizo. Wata safiya ta buɗe ƙofar kara ta ga latas ya fara miƙewa daga tsakiya, kowane ɗaya ya fito da kara kamar hasumiya. Ta tsinki ganye ɗaya ta tauna, farin ruwa ya fito, ɗaci kamar maɗaci. Jan alayyahu kuwa, da ya ji taki ba mai rage shi, sai ya tashi har ƙugu, ya fitar da kai, ya kwanto a kan albasa, ya rufe hanyar yashi. Na'ana'a ta zubo daga tulu ta kama ƙasa. Cikin kwana goma ba wanda zai ce an taɓa zana da'ira a wurin. Zobe bakwai sun haɗe sun koma daji ɗaya, wanda ya fi na da.

Bushra ta leƙa, ta daɗe tana kallo. Wannan karon ba ta yi tsokana ba, kuma rashin tsokanar ya fi zafi. Ta ce a hankali, "Kaka, ƙawayena daga Damaturu za su zo. Na riga na nuna musu hoton."

"Saura kwana nawa?"

"Sha huɗu. In ba zai yiwu ba, gara a gaya wa Inna Aisa tun yanzu, ta shirya."

Ya Fanna ta zauna a kan turmi tana kallon dajinta.

Ba a kai ga gaya wa Aisa ba, sai ga ta da kanta washegari, ta kawo turaren wuta da humrar amarya. Bayan an gaisa an sha ruwa ta ce, "Yaya, ina zoben nan bakwai? Tun a mota nake ɗoki."

"Rana ta yi. Ki bari sai yamma."

"Ni da na fito daga Nguru za a gaya wa rana?" Ta miƙe ta kwance igiyar da kanta.

Aisa ta shiga ciki. Ya Fanna tana bayanta tana jiran dariya, ta ma shirya amsarta. Aisa ba ta yi dariya ba. Ta kama kan alayyahu ɗaya ta murza, baƙin iri ya zubo mata a tafin hannu.

"Yaya, wa yake tsinka miki?"

"Tsinka? Ba mai taɓa shi. Ko ni ban taɓa ba."

"Tun yaushe?"

"Tun da ya cika."

Aisa ta dafe kai. "Innalillahi! Ni kullum mata shida bakwai ke shigowa gidana da kwano. Ina tsaye a kansu, in ce ke ɗauki na sama, ke zagaya ta can, kowa ya cire kan da ya fi tsawo. In aka kwana biyu ba su zo ba har aike nake yi. Ganye in ba a rage masa kai ba ai tafiya yake yi. Latas kuwa ana cirewa ana dasa sabo a gurbinsa."

"Wa ya koya miki wannan?"

"Ke mana."

"Ni?"

"Bayan ɗakin nan naki. Duk zuwan da nake yi ina ganin mata suna shiga suna fita, wata uku wata huɗu ganye bai tsufa ba, kullum ɗanye. Na ce ashe haka Yaya take yi. Ni zanen faifai kawai na ƙara."

Ya Fanna ta ji maganar ta shige ta ta ko'ina. Wato abin da ta yi wata uku ba ta barci a kansa, daga bayan ɗakinta aka ɗauke shi, ita kuma ta sa zana ta kore shi da hannunta. Ta so ta ji daɗi, amma haushi bai bar wuri ba.

"Da ba sai ki faɗa ba," ta ce.

"Da ba sai ki tambaya ba?"

Can Ya Fanna, wadda duk da haka ta fi kowa sanin ƙasa, ta fara lissafi da ido. Alayyahu in aka yanke shi daidai taƙi ɗaya, aka ba shi ruwa, zai yi sabon toho cikin kwana goma. Albasa da karas suna nan a ƙarƙashi, iska kawai suke nema. Latas ya mutu murus, amma lansir a kwana goma sha biyu yake rufe ƙasa. Sai dai aikin yau ne, ba na gobe ba, kuma ba aikin tsofaffi biyu ba ne. Ga ganye tuli wanda in ba a ci ba ya zama asara.

"Hannu nawa kike da shi a layin nan?" in ji Aisa.

Ya Fanna ta ɗauki mayafinta. Daga ƙofarta zuwa ta Suwaibatu taku goma ne, amma ta ce ba ta taɓa yin tafiya mai nisan wannan ba, har da ta Makka.

Ta tarar da Suwaibatu tana gyaran ganyen kasuwa a faifai, duk ya yi yaushi.

"Suwaiba, ki zo ki tsinki alayyahu."

Suwaibatu ba ta ɗago ba. "Wanne? Na kallon? Ya yi auren ne?"

"Ya yi, har ya haihu. Ki taso, don Allah. Na yi kuskure."

"Sake faɗa, kunnen nan nawa na hagu ba ya ji sosai."

"Na dama ne ba ya ji, munafuka. Na ce na yi kuskure."

Suwaibatu ta fashe da dariya, ta ture faifan. "Don Bushra zan zo, ba don ke ba." Ta leƙa ta kan katanga ta ƙwala kira, "Haula! Yakaka! Ku fito da kwanuka, an saki fursuna!"

Kafin azahar mata tara suna cikin lambun da wuƙaƙe. Aisa ta tsaya a tsakiya tana nuna layi, Ya Fanna tana bi tana faɗin inda za a yanka, kuma duk inda Aisa ta ce nan, sai ta ce a ɗan matsa kaɗan. Aka tuge latas aka ba awaki, aka watsa lansir a gurbinsa, aka share hanyar yashi. Kawunan jan alayyahun da suka nuna kuwa, Ya Fanna ta tattara su da kanta ta shanya a kan rufin ɗaki. Ranar duk gidan da ke layin miyar ganye aka yi. Zana kuma aka naɗe ta aka jingine.

Ranar lalle zobe shida ne suka fito. Na bakwai, na kabeji, tsutsa ta riga ta gama da shi tun yana cikin duhu, sai aka shimfiɗa tabarmi a wurin. Jan ya dawo gajere, sabo, yana sheƙi, lansir ya kwanta kamar darduma. Bushra ta zauna a tsakiya kusa da tuluna, hannu da ƙafa duk lalle, ƙawayenta suna ta ɗauka. Gidan ya cika har zaure. A Gashua aka yi, a gidan da ta yi rarrafe.

Ya Fanna tana tsaye a gefe tana jin daɗinta, sai ga baƙuwar nan mai zobba, ta zo cikin 'yan Nguru. Ta zagaya lambun, ta gyaɗa kai, ta ce da ƙarfi, "Kai, hannun Hajiya Aisa ba ya ɓuya! Na ji an ce ita ta zo ta gyara." Ta juyo wurin Ya Fanna. "Kin ga amfanin koyo ko?"

Ya Fanna ta buɗe baki, Suwaibatu ta cusa mata alkaki a hannu ta ce, "Ci, kar ki ɓata wa yarinya rana."

Da yamma, 'yan Nguru suna haramar tafiya, Aisa ta zo ta ce, "Yaya, nawa jan ya tsufa, kuma ban bar shi ya yi kai ba, ba ni da iri. Ki ɗan ƙulla mini."

Ya Fanna ta shiga ɗaki, ta buɗe ƙwaryar da ta cika da sabon iri fal. Ta ɗebi cokali guda, ta duba, ta mayar da rabi. Ta tsaya. Ta yi tsaki ta sake cikawa, don iri ba a hana shi. Ta ƙulle a tsumma ta fito ta miƙa.

"Zobe nawa za ki yi bana?" ta tambaya, kamar ba komai.

"Biyar ɗina dai, Yaya."

"To, Allah ya kiyaye hanya."

Mota tana tashi ta koma bayan ɗaki, ta tsaya tana auna filin da ido. In aka matsar da turken awaki, takwas za su shiga.